Don Allah a taimaka: ta yaya zan sabunta wani yanki na duniyarmu a Minecraft ba tare da mun rasa gine-ginenmu ba?

Maigini_99 ya rubuta:

Assalamu alaikum 'yan uwa, da fatan kowa yana lafiya. Wata matsala ce ta taso mana a sabar da muke wasa ni da abokaina, na tambaya nan da can kowa da abinda yake faɗa, shi yasa nace bari in kawo ta nan ko Allah zai sa a dace.

Minecraft na kwamfuta wato Java muke bugawa, sabar tana aiki da manhajar Paper ce kuma yanzu tana kan 1.21.1, amma ita duniyar tun lokacin 1.16 muka buɗe ta, duk sabuntawar da ta fito sai dai mu ɗaga sabar mu ci gaba a kan duniyarmu. To akwai wani da muka saka cikinmu kwanan baya, bazan kira sunansa ba tunda ya riga ya bada haƙuri, shine yaje ya tada Wither, dodon nan mai kai uku da yake fasa ƙasa, a fili gabas da garinmu maimakon ya shige can ƙarƙashin ƙasa ko yayi nisa, abu yafi ƙarfinsa ya gudu ya bar shi, Wither ɗin yayi ta bin shanu da tumaki yana harbi, shi kuma ya koma ya kwaso TNT wai da ita zai kashe shi. Wallahi in kaga wurin yanzu sai ranka ya ɓaci. Tudun da muke hangowa daga ƙofar gari an cinye rabinsa, kogin da ya ratsa ta gefensa ruwan sai zuba yake cikin ramuka, ga baƙaƙen furannin nan da Wither yake bari duk inda ya kashe dabba sun cika ko'ina, in ka taka su jininka ya dinga raguwa.

Na auna ɓarnar, ta kama daga X 600 zuwa wajen X 900, sannan Z daga -300 zuwa 100. Abinda yake bani tsoro shine rumfar cinikinmu da 'yan ƙauye tana X 540, Z 40, nan muka tara masu sayar da littafin Mending, sihirin da yake gyara kayan aiki, da sauransu, kuma wanda ya taɓa neman mai Mending ya san wahalar da ake sha.

Wani yace min kawai in shiga foldar duniyar in goge fayil ɗin region na wajen, wato wanda ƙasar wurin take ajiye a ciki, wai wasan zai sake ƙirƙirar shi da kansa. Gaskiya ne? Kuma zai dawo yadda yake da, har da tudun? Tambaya ta biyu kuma, duk inda muka taɓa zuwa tsohuwar ƙasa ce, bamu da bishiyar ceri, bamu da ɗakunan gwaji na 1.21 sai munyi tafiya mai nisan gaske, ko akwai yadda za'a yi su fito kusa da gida? Nagode, Allah ya saka da alheri.

ƊanRedstone ya rubuta:

Wa alaikumus salam. Ɗan uwa karka wahalar da kanka da goge fayil, tunda Paper kake kai saka WorldEdit kawai, ƙarin manhajar gyaran ƙasa da ake ɗorawa a saba. Ka rubuta //wand zai baka gatarin katako, ka danna kusurwa ɗaya da hagu ɗayar da dama, ko ka tsaya a wurin ka rubuta //pos1 kaje ɗaya kusurwar ka rubuta //pos2, sai //expand vert domin ya kama tun daga ƙasan ƙasa har sama, sannan //regen. Shikenan zai duba sid ɗin duniyarka, wato lambar da wasan yake ƙera ƙasar da ita, ya mayar da wurin sabo fil, in bai maka ba ka buga //undo ya dawo yadda ka same shi.

Abu ɗaya dai, karka zaɓi wurin duka lokaci guda, bulo 300 a 400 tun daga -64 har 320 ba ƙaramin aiki bane, sabar zata iya daskarewa ta mutu a tsakiyar aikin. Ka dinga yi kaɗan-kaɗan. Ni haka nake gyara ramukan Creeper, halittar nan mai fashewa, a tamu kuma ko alama baka gani.

Tsohon_Mai_Saba ya rubuta:

Malam Maigini sannu da wannan jarabawa, Allah ya kiyaye gaba. Kafin komai, don girman Allah karka goge fayil ɗin nan da akace maka. Bari in nuna maka da lambobin da ka bayar da kanka.

Wasan yana yanka ƙasa ne fuloti-fuloti, kowane fuloti bulo 16 a 16 ne daga ƙasan duniya har samanta, shine zaka ga an rubuta chunk a cikin manhajoji. Fayil ɗaya na region yana ɗauke da fuloti 32 a 32, wato bulo 512 a 512. In kana so ka san fayil ɗin da wuri ya faɗa sai ka raba X da Z da 512 ka sauko ƙasa. X ɗinka daga 600 zuwa 900 duk yana cikin 1, domin 1 ya kama daga 512 zuwa 1023. Z kuma ya rabu biyu, daga -300 zuwa -1 yana cikin -1, daga 0 zuwa 100 yana cikin 0. Kenan ɓarnar tana cikin r.1.-1.mca da r.1.0.mca. To yanzu dubi rumfarku, X 540 Z 40, itama r.1.0.mca ce. Ranar da ka goge fayil ɗin nan rumfar ta tafi da duk abinda ke cikinta, garin gyaran gira an rasa ido kenan. In kana shakka shiga rumfar ka danna F3, a layin da yake nuna fuloti zaka ga sunan fayil ɗin a rubuce. F3 tare da G kuma zai zana maka iyakokin fulotai da layuka kana tsaye kana kallo.

Wanda ya baka shawarar baiyi ƙarya ba ta fuska ɗaya, wasan baya sake taɓa fulotin da yake ajiye, amma duk wanda ya nema ya rasa to zai ƙirƙire shi daga sid da zarar wani ya matso kusa. Dabarar duka kenan. Abinda ake so shine ka cire fulotan da suka lalace kaɗai, kuma abinda aka fi amfani dashi a Java shine MCA Selector, zai buɗe maka duniyar kamar taswira daga sama ka ja ka zaɓi fulotan da kake so ka goge. A lissafina naka daga fuloti 37 zuwa 56 ne ta X, sannan -19 zuwa 6 ta Z, fuloti 520 kenan, rumfarku kuma tana fuloti 33, akwai guda uku tsakaninku, ta tsira.

Sai dai ga inda nake so ka nutsu, domin nan ne shawarar ƙanina ƊanRedstone bazata maka aiki ba ko da yake shi tana masa. Kace duniyarku ta 1.16 ce. A 1.18 da ta fito ƙarshen Nuwamban 2021 Mojang sun sauya yadda ake ƙera ƙasa gaba ɗaya, zurfi ya koma -64, sama ta kai 320, duwatsu da koguna da inda kowane irin daji yake duk sun canza wuri. Sid ɗinku yana nan bai canza ba, amma abinda 1.21 zata fitar dashi daban yake da abinda 1.16 ta fitar. Inda tudunku yake tana iya kawo teku, ko hamada, ko dutse mai ƙanƙara. Shi //regen da injin da sabar take kai yanzu yake aiki, kuma a gefe yake ƙera ƙasar sannan ya kwafo ya manna, bai damu da abinda ke maƙwabtaka ba, sai ka wayi gari da katanga miƙaƙƙiya kamar an yanka da wuƙa a duk gefe huɗu. Ina kyautata zaton duniyar ƊanRedstone bayan 1.18 aka buɗe ta shi yasa baya ganin alama.

In ka goge da MCA Selector ka bar wasan da kansa ya cike, ya fi sauƙi, domin tun 1.18 akwai tsarin da yake sajewa tsakanin tsohuwar ƙasa da sabuwa, yana lanƙwasa tudu da kwari a bakin iyaka har su haɗu. Yana ƙoƙari sosai amma tudunku dai bazai dawo ba, wani abu sabo zaku samu.

In kuwa tudun nan kuke so da koginsa yadda kuka san su, hanyar ita ce: ka rubuta /seed ka kwafi lambar, ka buɗe lanca, manhajar da kake kunna wasan da ita, ka saka sigar 1.16 ɗin da kuka fara da ita, ka ƙirƙiri sabuwar duniya da wannan sid ɗin, ka tashi sama ka zagaye daga X 500 zuwa 1000 da Z -400 zuwa 200 har ko'ina ya buɗe, ka fita. Zaka ga tudunku yana tsaye ba ko ƙwarzane. Sai ka buɗe wannan sabuwar a MCA Selector ka zaɓi fulotan nan 520 ka fitar dasu, ka buɗe ta gaskiyar ka shigo dasu a mazauninsu su hau kan lalatattun. Kowane fuloti yana ɗauke da lambar sigar da aka ajiye shi da ita, saboda haka da sabar ta loda su zata ɗaga su zuwa 1.21 ta haƙa musu ƙasan sifili kamar yadda tayi wa sauran tun farko. Bakin iyaka zai haɗu daidai tunda uwa ɗaya ta haife su.

Kuma duk wanda zakayi cikin biyun, ka kashe sabar tukuna da /stop, in tana kunne fulotan suna cikin ƙwaƙwalwarta zata sake rubuta su a kan aikinka ko ma ta lalata fayil ɗin. Ka kwafi foldar world gaba ɗaya ka ajiye a wani wuri daban, ka fara gwadawa a kan kwafi. Sannan ka buɗe duniyar dukkanta a manhajar ba foldar region kaɗai ba, saboda tun 1.14 akwai foldar poi da take riƙe da gadaje da teburan sana'ar 'yan ƙauye da ƙofofin Nether, duniyar wuta, tun 1.17 kuma dabbobi da duk wani abu mai motsi an mayar dasu foldar entities. Masu gogewa da hannu nan suke mantawa, sai kaga tsofaffin shanu sun maƙale cikin sabon dutse suna mutuwa.

Tambayarka ta biyu kuma, a cikin manhajar akwai tacewa da InhabitedTime, wato jimillar lokacin da 'yan wasa suka ɗauka kusa da fuloti. Kace ya zaɓo maka duk wanda bai kai minti biyar ko goma ba, waɗannan galibi wuraren da aka ratsa ne kawai aka wuce. In ka goge su duk zasu fito da ƙasar 1.21, da dajin ceri na 1.20, da Deep Dark da fadamar mangurof na 1.19, da ɗakunan gwajin da kake nema waɗanda suke farawa tsakanin Y -40 da -20. Amma ka bi taswirar da ido kafin ka danna, ka cire duk abinda ke kusa da gini.

Uwar_Gona ta rubuta:

Salam. Yaya Tsohon_Mai_Saba ya gama bayani Allah ya ƙara basira, ni abu biyu zan ƙara.

Na farko Maigini ka duba ko kuna da CoreProtect a sabar. In har an saka shi kafin abin ya faru to baka buƙatar goge komai, domin yana rubuta duk bulon da ya fashe da abinda ya fasa shi, sai ka tsaya tsakiyar wurin ka rubuta irin /co rollback u:#tnt t:7d r:200 ka sake yi da u:#wither, lokacin ka daidaita shi da ranar da abin ya faru, zai mayar da bulo ɗaya bayan ɗaya inda yake. In baku dashi to ya wuce a wannan karon tunda baya sanin abinda ya faru kafin zuwansa, amma don Allah ku saka yau ɗinnan. Wasu zasu ce ka kashe mobGriefing, saitin da yake barin halittu su taɓa bulo, eh zai hana Wither da Creeper fasa ƙasa, sai dai kuma 'yan ƙauye zasu daina noma da ɗaukar abinci, gonar da kuka gina a kansu ta tsaya, ni bana so.

Na biyu kuma shine ya fi damuna, maganar tacewa da lokaci ɗinnan. Kafin ka goge ko fuloti ɗaya ka sanar da kowa da kowa a sabar ka basu lokaci su faɗi inda suke da kaya. A wata sabar da nake ciki an taɓa yin irin wannan sharar ba'a tambaye mu ba, ina da ɗan ɗaki can bakin teku da ba wanda ya sani, karena na farko yana zaune a ciki, da dokin da na sha wuya kafin na samu mai gudu irinsa, da akwatin da na tara kayan tunawa tun farkon duniyar. Na dawo na tarar da ruwa shimfiɗe. Mai sabar ba da mugunta yayi ba, a taswira ɗakin ɗigo ne kawai. Har yau abin yana min ciwo wallahi. Mutane suna binne akwati a daji, suna barin kyanwa a zaune a wani tsibiri, suna shimfiɗa layin dogo ko hanyar ƙanƙara da gudu su wuce, duk waɗannan lokacinsu kaɗan ne a lissafin manhaja kuma zata zaɓe su. Abinda ke aljihun mutum da akwatin Ender ɗinsa ne kaɗai ba ruwansu, su suna cikin playerdata.

Sannan kace kowa ya dawo gari kafin ya fita daga wasan a ranar. Wanda ya fita yana tsaye a fulotin da aka goge zai iya shigowa ya tsinci kansa cikin dutse ko a sama yana faɗowa.

Ni da za'a bi tawa ma da an bar wani ɓangare na ramin an cika shi da ruwa ya zama tafki, an gina gada a kai, abinda ya faru a duniya ai shima tarihinta ne. Amma na san ba kowa ke ganin haka ba, tunda tudun kuke ƙauna ku dawo da abinku.

Yaro_Mai_Waya ya rubuta:

Slm yayyena, kuyi haƙuri na shigo muku cikin zance, nima irin matsalar ce dani amma ni a waya nake bugawa, nau'in Bedrock ba Java ba. Ƙanina ne ya zuba laba a kan dajin da ke bayan gidana wuta ta cinye shi tas, na nemi foldar region ɗin da kuke ta faɗa ban ganta ba sam, kuma MCA Selector ɗin yaƙi ganin duniyata da na tura wa abokina mai kwamfuta. Mu namu ba'a gyarawa ne ko yaya?

Tsohon_Mai_Saba ya rubuta:

Ana gyarawa ƙanina, hanyar ce daban. Bedrock baya ajiye ƙasa a fayilolin mca, shi komai yana dunƙule cikin wata folda mai suna db da tsarin LevelDB, bazaka iya ware fayil ɗaya kace wannan na wuri kaza bane, kuma in ka goge wani abu a ciki da hannu duniyar duka zata iya ƙin buɗewa. Karka taɓa ta. MCA Selector na Java ne kaɗai. Abinda abokinka zai sauke shine Amulet, shi yana buɗe Java da Bedrock duka, akwai wajen zaɓen fuloti a ciki da maɓallin goge waɗanda ka zaɓa ko goge duk waɗanda baka zaɓa ba, ka kula da kyau kar ya danna na biyun.

Ka kunna nuna lambobin wuri a saitin duniyar, kaje kusurwoyin dajin ka rubuta su a takarda ka bashi. Duniyoyin waya in ma'ajiyarka tana kan External suna cikin Android/data/com.mojang.minecraftpe/files/games/com.mojang/minecraftWorlds, sunayen foldojin haruffa ne barkatai amma kowacce akwai levelname.txt a ciki da zai gaya maka wacce ce. Daga Android 11 zuwa sama waya bata cika barin ka shiga nan da kanta ba, jona ta da kwamfuta da kebul ya fi sauƙi. Kayi kwafi biyu kafin a fara.

Amma tsakani da Allah in daji ne kawai ya ƙone ƙasar bata fashe ba, ni da kai ne da na kwashe labar da bokiti na dasa 'ya'yan itace na zuba musu garin ƙashi, kafin ka gama jigilar fayil tsakanin waya da kwamfuta dajin ya tashi.

Maigini_99 ya rubuta:

Jama'a Allah ya biya ku, na dawo da labari. CoreProtect bamu dashi Anti Uwar_Gona, amma yanzu na saka. Na kuma bi maganarki na sanar a zaurenmu, sai gashi mutum biyu suna da kaya a wuraren da ban taɓa zato ba, ɗaya ma cikin yankin da ya lalace yake da akwatunan shulker a binne ƙarƙashin kogin kuma Wither bai kai gare su ba, yaje ya kwashe.

Na gwada hanyoyin a kan kwafi kamar yadda Malam yace. Da na goge na bar 1.21 ta cike, fili ne mai ciyawa ya fito da wani babban kogo a buɗe a tsakiya, gaskiya sajewar tayi kyau baka ganin katanga, amma da na tsaya a ƙofar gari na kalli gabas sai naji kamar ba garinmu ba. Na gwada //regen a ɗan gefe shima don in gani da idona, yadda Malam ya faɗa haka ya fito, bango tsaye santal. Sai nayi ta 1.16 ɗin, na buɗe duniya da sid ɗinmu, wallahi da na hango tudun nan cikakke da bishiyoyinsa sai da na ɗan tsaya ina kallo kafin na ci gaba. Na shigo da fulotan, kogin ya haɗu da nasa daidai, abinda na lura dashi kawai wasu bishiyoyi ne a bakin iyaka da muka taɓa sarewa ta ɓangarenmu, yanzu rabin ganyensu ya dawo yana rataye ta ɗaya ɓangaren, wannan da hannu zamu gyara. Babbar taswirar da muka manna a bangon ɗakin taro kuma har yanzu ramukan take nunawa, ko wani abu ne bai zauna ba?

Sharar nesa ma nayi, na bar duk abinda ke cikin bulo 2000 daga gari ban taɓa ba, na goge na waje da basu kai minti biyar ba banda wuraren da mutane suka faɗa min. /locate ya nuna ɗakin gwaji a wajen da a da sai dai tsohuwar hamada.

Saura tambaya ɗaya don Allah, yanzu kowa ya taso min da maganar End, duniyar da dodon ƙarshe yake, biranen da ke kusa duk an kwashe fukafukan elytra, sababbin shigowa basa samu. Zan iya goge End ɗin duka in huta? Nether ma haka an rarake ta da neman netherite.

Tsohon_Mai_Saba ya rubuta:

Madalla, naji daɗi da tudun ya dawo. Taswirar lafiyarta ƙalau, zanenta a foldar data yake ajiye ba'a cikin ƙasar ba, sai wani ya cire ta daga bango ya riƙe a hannu ya zagaya wurin sannan zata sake zanawa, in kuma kun kulle ta da gilashi a teburin taswira to bazata canza ba sai dai kuyi sabuwa.

End kuma ban baka shawarar gogewa duka ba. A Paper tana world_the_end cikin DIM1, Nether tana world_nether cikin DIM-1. Labarin ko an kashe dodon da ƙofofin da suka buɗe ba'a cikin fulotai yake ba, a level.dat yake, in ka share ƙasar ka bar wannan sai su saɓa, mutane su shiga su rasa ƙofar dawowa gida. Ka bar tsibirin tsakiya yadda yake, fayiloli huɗun nan r.0.0 da r.-1.0 da r.0.-1 da r.-1.-1 sune suka kewaye shi, kuma ai nan ne galibi ake gina gonar Enderman. Biranen suna tsibiran waje ne da suke farawa wajen bulo 1000 daga tsakiya, su zaka zaɓa a MCA Selector ka goge, kuma da yake ƙirar End bata canza ba kowane birni zai dawo a inda yake da jirginsa da elytra a jikin bango da shulker ɗinsa, wanda ya rubuta lambobin tsofaffin biranen ma zai iya komawa kai tsaye. Ka dai tsallake fulotan da ƙananan ƙofofin dawowa suke, waɗanda kake faɗowa kusa dasu in ka jefa lu'ulu'un Ender ta ƙofar tsakiya, in ka goge su mutum zai je ya rasa ta komowa. Dodon kuma in sababbin suna so su yaƙe shi basai an goge komai ba, kiristal huɗu za'a ɗora a gefunan ƙofar fita ya taso.

Nether tunda a 1.16 kuka fara kun riga kun samu sabuwar ƙirarta, ƙasarta bata canza sosai ba daga lokacin, saboda haka duk inda ka goge zai dawo kusan yadda yake da ancient debris ɗinsa da ake samun netherite daga ciki. A nan tacewa da lokaci tafi haɗari domin hanyoyinku na zuwa wurare masu nisa duk ta nan suka bi, bulo ɗaya a can takwas ne a sama, rami siriri da aka haƙa da gudu zai iya zama shine hanyar wani zuwa gidansa. Ka zaɓa da hannu, ka bar mahaɗar ƙofofinku da duk wani layi miƙaƙƙe da ka gani a taswira, ka goge wuraren da aka fasa da gado da TNT wajen Y 15 waɗanda ba hanya a kansu. Rufin Nether zai tare maka gani daga sama, akwai ma'aunin tsayi a saman manhajar, ja shi ƙasa zuwa inda hanyoyinku suke sannan ka fara zaɓe.

Kwafin da kayi kafin aikin nan kuma karka goge shi da wuri, ajiye shi wata ɗaya ko biyu, akwai wanda bai shigo ba tun da ka sanar kuma zai zo yana neman wani abu, in kwafin yana nan fulotinsa kawai zaka ɗauko ka mayar masa.